Tsohuwar Ƙofa ta Ƙarshe

Tabarau ɗin ba nawa ba ne. Na wani abokin karatunmu ne ɗan Babura, yayansa mai fatauci a bakin iyaka ya sayo masa na hannu. Irin mai kaurin nan ne da ake ɗaurawa a kai ya rufe ido ruf, sai mutum ya tsinci kansa a wata duniya. In ya waiga duniyar ta waiga da shi, in ya sunkuya ƙasa ta matso kusa da hancinsa. Yana da 'yan madannai biyu da ake riƙewa a hannu, su ne suke zama takobi da garkuwa. A cikinsa akwai wani gem na Turawa: jarumi sanye da sulke yana bin ƙofofin wani birni, kowace ƙofa da dodonta, sai ya sare dodon ya wuce. Mun buga shi a ɗakin ɗan Babura har ya fita daga ranmu.

Wata rana da la'asar ɗan Babura ya cire tabarau ɗin yana share gumi, ya ce, "Wallahi da za a kawo jarumin nan Kazaure, ko tasha ba zai wuce ba." Aka yi dariya, aka shiga wata hirar. Shi da ya faɗa bai sake tunawa ba. Ni kuwa na tafi gida da maganar.

A lokacin ina shekara ta biyu a sashen kwamfuta. Ban iya magana a cikin mutane ba. Ko malami ya yi tambayar da na san amsarta, sai in bari wani ya faɗa ba daidai ba, ina ta jin haushi a zuci. Amma in aka bar ni da laftof ina iya wuni a kan abu guda. Haka na ɗauki zangon karatu guda ina gina Kazauren tsokana. Na bi duwatsun bayan unguwarmu ina ɗaukar hotonsu, na safe daban, na bayan ruwan sama daban, saboda launin dutse yana canjawa in ya jiƙe. Na sauke jarumin a tasha. A ƙofar farko ɗan adaidaita sahu ne ya ƙi ɗaukarsa sai ya naɗe takobinsa a buhu. Gaba kaɗan akuyoyi ne kwance a tsakiyar titi suna tuƙa, ba ruwansu da girman sulkenka.

Ƙofa ta ƙarshe ce ta fi cin lokacina. A gem ɗin asali nan babban dodo yake. Ni kuwa na zaunar da tsohuwa a kan tabarma a bakin zaure. Takobi ba ya cinta. In ka ɗaga shi sai ta ce, "Ni za ka ɗaga wa ƙarfe? Koma ka sake shigowa," sai ka ga kanka a tasha. Hanyar wucewa ɗaya ce, ka tsuguna. Tsugunon gaske da ƙafafunka na gaske, domin tabarau ɗin yana gane nisan kan mutum da ƙasa. Kuma ka dawwama a tsugune har ta gama gaisuwa, daga kwana da gajiya zuwa hanya, mutanen gida, iyaye, damina, har mai jiki in akwai. In ka miƙe kafin ta kai ƙarshe, sai ta koma farko.

Muryar tsohuwar ta kakata ce, wadda ta haifi Umma. Iya muke ce mata. Tana zaune a Gwiwa a gidan ƙaramin kawuna. Na je takanas a wani ƙarshen mako na ce mata aikin makaranta ne.

"Yanzu gaisuwar ma sai an kai ta makaranta?" in ji ta.

Da na miƙa mata waya sai ta daidaita zama ta riƙa magana kamar mai karanta sanarwa a rediyo. Sai na nemi izininta na ajiye wayar a gefen tabarma, ta manta da ita. Masu gaisuwar safe suka yi ta shigowa, ta yi wa wani yaro faɗa saboda ya shigo da lauje a ɗage, na samu duk abin da nake so. Abin da ya ba ni aiki daga baya shi ne yanke wata tambaya da take cusawa a tsakanin kowace magana: "Ina angona? Me ya hana shi zuwa? Ko ya samu 'yar birni ya manta da ni?"

Angon nata shi ne taubashina, ɗan babban kawuna na Roni. Ni ma jikanta ne, ni ma a al'ada mijinta ne na wasa, amma ban taɓa iya mayar mata da wasan ba. In ta ce cefanena bai isa ba sai in sunkuyar da kai ina murmushi. Don haka tun ina ƙarami ta sauke ni daga muƙamin, Malam take ce min. Shi kuwa tun daga ƙofar gida yake fara kiran amaryarsa, yana cewa ta fito ta karɓi jakarsa ko ya koma.

A shekarar nan taubashin nawa yana zaune a gidanmu, yana karatu a makarantarmu a sashen kasuwanci, ɗaki ɗaya muke kwana. Dogo ne, ni gajere. Yana saka hulata ba tambaya, yana cin naman da ke cikin kwanona ina kallo. In na kai ƙara sai Umma ta ce, "Taubashinka ne fa. Rama mana." Ramuwar ce ban iya ba. Farfesa yake kirana.

Ranar da ya leƙa laftof ɗina ya ga jarumin, ya daɗe yana kallonsa ba tsokana, abin da ba halinsa ba. Sannan ya ce, "Farfesa, juya min shi in ga bayansa." Na juya. Ya ɗauki hoto da wayarsa, gaba da baya da gefe, ya fita.

Ba zan rage masa komai ba, gwani ne. Ya samo kwalayen firiji a kasuwa, ya yanka su a kan jikinsa, ya kai wa mai fentin babura ya fesa musu ruwan azurfa. Kwalkwalin ɗan acaɓa ya samu ya dasa masa jar igiyar leda a tsakiya. Garkuwar murfin babbar tukunyar Umma ce ta biki, bai tambaye ta ba. Da ya haɗa kayan a jikinsa ya tsaya a tsakar gida, sai ga jarumina da na wuni ina zanawa ya fito daga laftof yana numfashi. A kafaɗar hagu ta sulken na saka wani ɗan karce, alamar tsohon sara, wanda ban yi zaton wani zai lura da shi ba. Ya lura. Ya karce nasa da ƙusa a daidai wurin. Umma ta fito daga kicin ta riƙe haɓa tana cewa, "Kai, wannan yaro da hikima yake." Ina tsaye a bayanta da laftof a hannu.

Karon farko da muka nuna wa mutane gem ɗin, a ƙarƙashin darbejiyar bayan sashenmu ne, a makon da ɗalibai ke yin wasanninsu. Ɗan Babura ya aro talabijin ya haɗa, yadda duk abin da mai tabarau ke gani jama'a ma suna gani. Tun farko na san ba ni zan shiga ba. Na so in shiga. Amma da na ga yawan mutanen sai na ja da baya, kuma sulken ma an yanka shi ne a kan tsawon wani. Aikina ya zama riƙe wayar wuta don kada a taka.

Taubashina ya wuce tasha yana faɗa da ɗan adaidaita, ya roƙi akuyoyi da Allah da Annabi. Da ya iso gaban tsohuwa sai ya cire takalminsa. Ban saka wannan a gem ɗin ba, tabarau ba ya ganin ƙafa, amma daga baya na lura kusan duk wanda ya iso wurin sai ya cire. Ya tsuguna. Tsohuwa ta yi shiru tana kallonsa. Ya ƙara yin ƙasa. Shiru.

Nan take na gane abin da ya faru. Lokacin da nake rubuta dokar tsugunon, tef ɗin ɗinkin Umma na ɗauka, na tsuguna a ɗaki kamar yadda nake tsugunawa gaban Baba, na auna daga ƙasa zuwa idona, na rubuta wannan awon. Na auna har sau da yawa don kada in yi kuskure. Abin da bai zo min ba shi ne awon nawa ne ni kaɗai. Dogon mutum in ya tsuguna, kansa bai sauko inda nawa ke saukowa ba.

"Iya, na tsuguna fa!" in ji taubashina cikin kwalkwali. "Ko sai na kwanta?"

Ya ƙara dannawa ƙasa, sai kwalin cinyarsa ya yi ɓarak ya buɗe. A daidai lokacin kansa ya kai awon, muryar Iya ta fito daga talabijin cikin natsuwa: "Sannu da zuwa. An kwana lafiya?" Wurin ya kece da dariya. Yana amsa gaisuwa yana nishi, yana riƙe cinya da hannun garkuwa. Da ta kai kan damina ya ce, "Iya, damina ta yi kyau, gwiwata ce ba ta yi ba," ya ɗan ɗago don ya huta. Ta koma farko. Wata ɗaliba ta zauna a ƙasa don dariya.

Wani ya ɗauki bidiyo. Kafin mako ya zagayo ya shiga wayoyin garin. Na kalle shi ya fi a ƙirga, ina tsayar da shi ina duba gefen hoton. Ina ciki. Gwiwar hannuna ce da rabin hannun riga, riƙe da wayar wuta.

Daga nan abin ya zama gem ɗinsa. In muna tafiya tare 'yan adaidaita na rage gudu suna cewa, "Jarumi, tsuguna mu gani!" Mai kosai a bakin makaranta ta ƙara masa a leda. 'Yan ajinmu mata da ba su taɓa yi min magana ba suka fara tsayar da ni, sai in ɗauka ni suke nema, ashe tambaya ce ko gaskiya ne a gidanmu yake. Wani malaminmu ya tare shi a baranda ya yaba masa. Ina wurin, kuma na ji da kunnena ya ce, "Malam, ai Farfesa ne ya haɗa, ni sakawa kawai na yi." Malamin ya kalle ni ya ce, "Madalla, ka ci gaba da taimaka masa." Da a ce ya ɓoye sunana, da na samu abin riƙewa. Bai ɓoye ba. Yana faɗa, ba a dai ji.

Na ce musu zan gyara awon, in sa tabarau ya fara auna tsayin kowa kafin a shiga. Aikin ɗan lokaci ne. Ɗan Babura ya ce in na taɓa shi zai karɓe tabarau ɗinsa.

"Ai nan ne daɗin, Farfesa," in ji taubashina. "Duk abin da ka yi a ciki babu kamar wannan kuskuren."

Da wasa ya faɗa, yana dukan kafaɗata. Na yi kwanaki ina jin maganar. Duwatsun da na bi da safe da bayan ruwa, ba wanda ya taɓa ambatonsu.

Ana cikin haka Kawu ƙarami ya kira Umma. Wata maƙwabciya ta nuna wa Iya bidiyon, ta ji muryarta a ciki, ta ce a kawo mata abin ta ga wadda ke magana da bakinta. Da na ji saƙon sai na ji sanyi a raina. A Kazaure an riga an gama, ba zan iya bin mutane ɗaya bayan ɗaya ina bayani ba. Amma a Gwiwa Iya ta san wanda ya zauna a gefen tabarmarta da waya. Abu ɗaya nake so, ta faɗa da bakinta a gaban mutanen gida cewa aikina ne. Ko sau ɗaya.

Da hutu ya zo ɗan Babura ya ba mu aron tabarau bayan dogon gargaɗi. Muka hau motar haya, sulken a cikin buhu a kan cinyoyinmu saboda taubashina ya ƙi yarda a saka shi a but ɗin mota tare da buhunan taki. Tun daga zaure ya fara kira.

"Ina amaryar? Ga mijinki ya dawo daga yaƙi!"

"Yaƙin da aka fasa maka wando?" in ji Iya daga ciki. "Shigo in ga abin da ya rage." Da ta gan ni a bayansa ta ce, "A'a, har da Malam. Sannu, Malam. Ya Ummanka?"

Bayan azahar tsakar gida ta cika. Matar Kawu, maƙwabta, yara a kan katanga. Babu talabijin, sai na haɗa da laftof na ɗora a kan turmi da aka kifa. Taubashina ya saka kayansa ya yi abin da ya saba, har ya ƙware yanzu, ya san daidai lokacin da zai saki nishi. Matan suka yi ta tafa hannu. Iya ta yi dariya har tana goge ido da gefen mayafi. Ina jira ta juyo wajena. Ba ta juyo ba.

Da ya gama ta ce, "Ba ni nan. Ni ma zan shiga in gan ta."

Matar Kawu ta ce, "Iya, kada jiri ya ɗebe ki." Ta ce jirin ya daɗe bai ɗebe ta ba. Ni na ɗaura mata tabarau ɗin a kan ɗankwalinta, na sassauta maɗaurin. Ta ƙi karɓar madannan, ta ce ita ba ta riƙe takobi, sandarta ta ishe ta. Ta tsaya a tsakiyar fili, bayanta a ɗan ranƙwafe kamar kullum, taubashina na riƙe da gwiwar hannunta. Ta juya kai a hankali.

"Ikon Allah," ta ce. "Ga duwatsun Kazaure. Har an yi ruwa."

Ita ce mutum ta farko da ta ce wani abu a kan duwatsun. Na danna na tsallakar da ita tasha da akuyoyi, na ajiye ta a gaban zaure.

Ba ta tsuguna ba, gwiwoyinta ma sun daɗe da daina yarda. Amma tana isa sai tsohuwar ciki ta ce, "Sannu da zuwa. An kwana lafiya?"

"Lafiya lau," in ji Iya. "Ina gajiya?"

"Ina gajiya?" in ji tsohuwar.

"Au, ni na fara tambaya. To, babu gajiya."

Haka suka yi ta yi, murya ɗaya tana tambaya tana amsawa, har aka kai ƙarshe, ƙofar zauren ta buɗe. Sai wata maƙwabciya ta ce, "Kun gani? Ba ta sa ta tsuguna ba! Ta gane ta!"

Na san dalili. Iya gajeriya ce, tsufa kuma ya ƙara lanƙwasa ta. A tsaye, idonta yana ƙasa da awon da na rubuta. A wurin tabarau, tun da ta shigo a tsugune take.

Taubashina bai ɓata lokaci ba. Yana cire mata tabarau ɗin yana cewa, "Ina za ta sa ki tsuguna? Ai tun a mota na ja mata kunne, na ce amaryata ce za ta zo, ta shiga hankalinta."

"Allah ya yi maka albarka, angona," in ji Iya, tana shafa kwalin ƙirjinsa. "Ka ga mai tunani. Har a cikin na'ura ka tsare min mutuncina."

Matan suka ce amin. Na san wasa yake, kowa ma da ya yi tunani zai san wasa ne. Amma albarkar ba ta wasa ba ce, kuma a gabana aka miƙa masa ita a kan abin da ko sanin yadda yake aiki bai yi ba. Ban san lokacin da na buɗe baki ba.

"Iya, ba haka ba ne."

Duk aka juyo. Muryata ta fito da ƙarfi fiye da yadda na nufa. Tun da na fara kuma sai na kasa tsayawa. Na yi bayanin tef ɗin Umma, da yadda na tsuguna na auna, da yadda tabarau ke gane nisan kai da ƙasa. Na ce ba gane ta tsohuwar ta yi ba, na'ura ba ta gane kowa. Tsayinta ne kawai bai kai awon ba. Taubashina yana ta yi min alama da ido daga bayanta. Na gani, na ci gaba har na kai aya.

Iya ta dogara sandarta ta dube ni.

"Wato tsayuwata tsugunon wani ce."

Matar Kawu ta toshe baki da mayafi, kafaɗunta na rawa. Wani yaro a kan katanga ya yi dariya aka daka masa tsawa.

"Wa ya yi awon?"

"Ni ne, Iya."

"Ita tsohuwar wa ya yi ta?"

"Ni ne."

"Duka? Da zauren da tabarmar?"

"Duka ni ne. Shi kayan kawai ya haɗa."

"To, kun ji," ta ce wa matan. "Malam ne ya yi." Abin da na zo nema ke nan, kuma a gaban mutanen da na so. Sai dai ba ta tsaya nan ba. Ta sa aka kawo mata kujerarta 'yar tsugunno ta zauna, ta ce in matso.

"Tun da kai ne, sai ka gaya min. Yaushe ka taɓa ganin na bar baƙo a tsugune ina jera masa tambaya? Ba cewa nake ya hau tabarma ba? Ina ruwan da ta ba shi? Mutum ya taho tun daga tasha da ƙarfe a jiki, ko moɗa babu a gefenta. Kuma wane irin ɗaurin ɗankwali ne wannan, kamar mai zuwa gidan biki? Ka ɗauki bakina ka ba marowaciya, ka watsa a wayoyin mutane. Har Roni an gani, an ce min."

"Ba ni na watsa ba, Iya."

"Kai ka yi ta ai. Yanzu ka faɗa."

Taubashina ya tsuguna a gefenta, kwalin na ƙara, ya ce, "Amarya, a yi masa afuwa. Farfesa ne, karatu ya yi masa yawa."

"Kai ka yi shiru, ba ruwanka," ta ce masa da taushi. "Tashi ka sake sakawa, matar liman yanzu ta shigo, ba ta gani ba." Ni kuma ta ce ba zan koma Kazaure ba sai na gyara mata tsohuwar.

Washegari taubashina ya wuce Roni wajen iyayensa da buhun sulkensa, yara suka raka shi har bakin titi. Ni na zauna a Gwiwa. Da safe in kai laftof da tabarau shagon mai cajin sola, in dawo in zauna a gefen tabarmar Iya. Ban taɓa daɗewa kusa da ita haka ba. Tana tsinke zogale tana leƙen abin da nake yi. Ta sa na sauko da ɗaurin ɗankwalin har goshi. Ta sa na ajiye randa da moɗa. Na sake ɗaukar muryarta tana cewa, "Tashi, tashi, hau tabarma," ta maimaita har sai da ta ji ya yi mata. Na gyara awon ma, yanzu tabarau na fara duba tsayin mutum, sai ya ɗan rusuna kawai. Na san babu wanda zai yi dariya a wannan. Na kuma san ɗan Babura zai riƙe tsohon gem ɗin, shi za a ci gaba da nunawa a Kazaure. Duk da haka na yi aikin da kyau. Har na ƙara inuwar darbejiya tana motsi a kan tabarmar.

Wani lokaci takan manta da faɗan ta ba ni labari. Ta gaya min zuwanta Kazaure na farko, a ƙafa, tana yarinya, da yadda ta ɗauka duwatsun za su gangaro. Ta tambaye ni yadda na sa dutsen ya yi kamar jiƙaƙƙe, na yi mata bayani a taƙaice, ta gyaɗa kai. Na fara tunanin ko zuwan nawa bai tashi a banza ba.

Ranar da na gama na ɗaura mata tabarau ɗin. Ba kowa a tsakar gidan sai kaji da matar Kawu tana wanke-wanke. Iya ta ɗan rusunar da kai, tsohuwar ta ce ta hau tabarma, ta miƙo moɗa. Suka gaisa. Ƙofa ta buɗe. Ta daɗe a tsaye tana kallon wani abu a ciki kafin ta ce in cire.

"Yanzu ta yi hankali," ta ce. "Sannu, Malam. Kira min Roni."

Na kira, na miƙa mata wayar. Ina naɗe maɗaurin tabarau ɗin ina jin muryar taubashina tana tashi daga can, yana tambayar ko kewarsa ce ta hana ta barci.

"Kewar wa? Rufe min baki," in ji Iya, fuskarta duk dariya. "Angona, an gyara maka tsohuwarka. Yaushe za ka zo ka gwada?"